Ruwan Wankan Kinanti

Ina tsugune gaban mai furanni a kasuwar Depok ina taya melati, farin furen nan mai ƙamshi, sai na ji an kama mini naman hannu an murɗa. Ba mintsinin wasa ba, irin mai barin shaida. Na waiga, sai ga wata tsohuwa riƙe da ledar kifi tana huci.

"Muguwa! Azzaluma!" in ji ta. "Me yarinyar nan ta yi miki? Jiya ma kulle ta kika yi a banɗaki da tsohon ciki. Ke ba kya tsoron Allah ne?"

"Bu, wasa ne fa," na ce, don Bu muke ce wa babbar mace.

"Wasa? Da idona na gani!"

Mai furanni tana ta ƙyalƙyala dariya, ta ce wa tsohuwar ta ƙara mini ɗaya a madadinta. Na karɓi furena na yi gaba ina murza hannu.

Sunana Suharni, amma in kin tsaya a bakin titi kika kira sunan nan babu wanda zai san da wa kike. Ki ce Nyonya Lukita, har 'yan acaɓa sai sun waigo. Ita ce muguwar uwar miji a sinetron ɗinmu, wasan da ake haskawa kullum bayan magariba, kuma ni nake fitowa a ita shekara da shekaru. Na tura surukata daga saman bene, na sace mata jariri, na sa an kore ta cikin ruwan sama ba takalmi. Ina da wani kallo da nake yi, in ɗage gira ɗaya in zare ido, wanda iyaye suke tsorata yara da shi su ci abinci. Mintsinin kasuwa bai taɓa damuna ba. Shaida ce cewa na iya aikina, kuma da aikin nan na raini Kinanti.

Kinanti 'yar ƙanwata ce. Uwarta ta rasu tana ƙarama, ubanta ya tafi Kalimantan neman aiki, har yau nema yake. Ni da mijina Pak Marno Allah bai ba mu haihuwa ba, sai ya ba mu ita. Bude take kirana, yayar uwa, amma duk unguwa an san wadda ta yi goyo. Yanzu ga shi za ta auri Danang, yaro mai hankali, ma'aikacin banki.

Ni ba walima ce a gabana ba, ba kuma kwalliyar zaure ba. Wankan amarya nake jira. Ana gobe ɗaurin aure, uwar amarya ce take haɗa ruwan rijiya bakwai a tasa, ta watsa furanni a ciki, a ɗebi wani a aika gidan ango shi ma a yi masa wanka da shi. Sai uba ya fara zuba wa amarya, uwa ta biyo, sannan sauran dattijai mata masu kyakkyawan suna, kowa ya zuba yana yi mata addu'a a zuci. Ni tawa addu'ar na daɗe da shirya ta. Tun ranar da na fara yi wa Kinanti wanka a baho, tana kukan neman uwarta, nake ƙara mata kalma ina ragewa. Ita ma ta sani. In ta dame ni in faɗa mata, sai in ce, "Ki bari sai ranar, Nduk, 'yata. Sai ruwa na kanki."

Sai ga Bu Darmini, uwar ango, ta zo mana da yamma ɗauke da kwalin kek. Tun ranar neman aure na lura ba ta haɗa ido da ni. Na ɗauka kunya ce. Ta zauna a bakin kujera, jakarta a kan cinya, ta riƙe ta da hannu biyu kamar a motar haya. Ta yi ta zagaye-zagaye, yanayin gari, cunkoson hanya, ciwon gwiwa, sannan ta sauko kan abin da ya kawo ta.

"Bu Harni, kada ki ɗauke shi da wata manufa. Ni dai na san ke mutuniyar kirki ce."

"Na gode."

"Amma mutane fa. Dangin baban Danang za su zo daga Klaten, tsofaffi ne, ba sa wuce wasan nan ko rana ɗaya. Ruwan wanka kuwa kin san abin da yake. Hannun da ya haɗa shi, halinsa ne yake bin yaran."

"To wane hali ne a hannuna, Bu?"

"A'a, ba naki ba. Na ita waccan."

"Wace waccan?"

Ta sunkuyar da kai ta ce, "Nyonya."

Na yi dariya don na ɗauka raha ce. Ita ko murmushi ba ta yi ba. Ta ce shawara ce kawai ta kawo: matar mai unguwa ta haɗa ruwan, ta kuma zuba a matsayin uwa, ni kuma in huta, ai hidima ta yi mini yawa. In ba haka ba, ita dai ba za ta iya bari ruwan ya taɓa jikin ɗanta ba. Pak Marno yana gefe yana kallon silin, kamar ranar ya fara ganinsa. Kinanti tana bakin ƙofar kicin da farantin shayi, ta kasa shigowa ta kasa komawa.

"Bu Darmini," na ce, "kin san rubuta mini ake yi in faɗa, ko? Yarinyar da nake turawa daga bene, katifa take faɗawa a kai. Bayan nan tare muke cin shinkafa."

"Na sani mana, ni ba yarinya ba ce," ta ce. Sai kuma ta rage murya. "Amma fa mutum ba ya iya abu haka in babu shi a ciki ko kaɗan. Idon nan, Bu. Ni wallahi har a sallah nake kai ƙararta. Da a ce ma ta taɓa nadama sau ɗaya, a ga tana da zuciya, da sai in samu abin faɗa wa tsofaffin."

"In ta tuba fa?"

Ta ɗago ta dube ni karo na farko. "Za ta tuba?"

"Tambayarki nake yi."

"In ta tuba ai shi ke nan. Allah ma yana yafewa, balle mu."

Wato dai makomar addu'ata tana hannun matar da babu ita a duniya. Na raka ta har ƙofa ina murmushi, na dawo na ba wa maƙwabta kek ɗin gaba ɗaya.

Washegari na isa gidan da muke ɗauka a Cibubur tun kafin masu fitila su gama jan wayoyi. Aikinmu ɗauka da safe ne, haskawa da yamma. Babu mai sanin abin da zai faru gobe a labarin, har masu rubuta shi. Da safe mutanen sama, wato masu kamfanin, suke duba alkaluman masu kallon jiya, in sun ga mari ya ja jama'a sai a ƙara mari, in asibiti ne sai mota ta buge wani. Shafi-shafi rubutun yake zuwa a waya, wani lokaci kina tsaye gaban kyamara ake karanto miki daga gefe. Saboda wannan gudun ne ma suke tara maganar zuci. Kin san wurin da ake matso da fuskar mutum, bakinsa a rufe, murya tana faɗin abin da yake ƙullawa a ransa. Duk ranar da aka samu sarari sai a sa ni a ɗakin ɗaukar murya in zuba musu mugunta iri-iri su ajiye, don kada su neme ni ranar da suke sauri.

Daraktanmu Bang Parlin ne, mutumin Medan, mai murya kamar yana kiran wani a ƙetaren kogi. Na same shi yana shan kofi a kan akwatin kaya, na gaya masa komai. Ya yi dariya har kofi ya sarƙe shi.

"Ta tuba? Nyonya Lukita? Bu, so kike matan ƙasar nan su koma hira da mazajensu bayan magariba?"

"Fitowa ɗaya, Bang. Bayan biki ka sa in ƙona gidan marayu in kana so."

"Ba a hannuna yake ba, kin sani."

"To ni ma ƙafata ba a hannuna take ba. Ƙila gobe ta ƙi kawo ni."

Dariyar ta tsaya. Ya san ba shi da ajiyar ko rabin fitowa. In ban zo da safe ba, da yamma sai dai su haska bango. Ban taɓa yi musu haka ba, har ranar da zazzaɓi ya kwantar da ni a kwance aka ɗauke ni, aka rubuta cewa Nyonya na ƙaryar ciwo. Ya tashi ya yi nesa yana waya yana wurga hannu. Da ya dawo ya ce, "An yarda. Yau za mu ɗauka, yau za a haska. Allah ya shirye ki, Bu."

Sisil, yarinyar da take fitowa a surukata, ta tofar da cingam ta zauna a gadon asibitin ƙarya. Rubutun da aka turo mini layi uku ne marasa gishiri. Na ajiye wayar. Da aka ce a fara, na durƙusa na kama ƙafarta, sai na ga ba ƙafar Sisil ba ce a hannuna, ta ƙanwata ce ranar da ta bar mini yarinya. Na ce ta yafe mini, na ce ban iya nuna so ba amma yana nan, na ce ban taɓa haihuwa ba amma na san zafin ɗa. Mai kwalliya tana tsaye da maganin sa hawaye, ba a buƙace shi ba. Kuka na yi har majina. Da Bang Parlin ya ce a yanke, a hankali ya faɗa, abin da ban taɓa ji ba. Sisil ta rungume ni tana cewa, "Bu, kin ɓata mini kwalliya." Mai riƙe da sandar makirufo ya juya baya yana share ido.

Na koma gida tun la'asar. Na kira Bu Darmini na ce ta zo da duk wanda take so, yau a gidana za a yi kallo. Na soya ayaba, na dafa shayi da sukari. Ta zo da ƙannenta biyu da wata tsohuwa daga cikin 'yan Klaten da ta riga sauran isowa. Maƙwabta ma suka shigo, falo ya cika har tabarma. Kinanti ta zauna a ƙasa ta jingina da gwiwata, yadda take yi tun tana ƙarama.

Aka yi talla, aka yi talla, aka sake yin talla, sannan aka zo wurin. Ga ni a durƙushe. Da na kai inda nake cewa na san zafin ɗa, na ji Bu Darmini tana jan hanci. Tsohuwar Klaten ta ce, "Alhamdulillahi, shiriya ta zo." Kinanti ta matse mini ƙafa. Na ce a raina, shi ke nan, na gama.

Sai aka matso da fuskata. Kiɗan nan ya buga, wanda duk yaron unguwa ya san ma'anarsa. Hawayena na gaske suna gangarowa, bakina a rufe, sai ga muryata, wadda na zuba musu tun watannin baya:

"Yarda da ni, wawiya. Yafe mini. Gobe in na haɗa miki shayi, ba za ki sake ganin rana ba."

Har da dariyar.

Bu Darmini ta dubi kofin da yake hannunta, wanda ni na haɗa na miƙa mata, ta ajiye shi a hankali a kan tebur ta tura shi nesa.

"Innalillahi," in ji tsohuwar Klaten. "Har ni ta yaudara."

"Ba haka muka ɗauka ba!" na ce, na miƙe tsaye. "Wallahi ba haka ba ne! Ɗora muryar suka yi!"

"Ba muryarki ba ce?" in ji ƙanwar Bu Darmini.

"Tawa ce, amma tsohuwa ce, ajiyayya ce!"

Bu Darmini ta rataya jakarta. Idonta bai bushe ba tukuna, kuma na ga haushin hawayen da ta zubar ne ya fi cin ta. "Bu Harni," ta ce, "in mutum zai iya kuka irin wannan alhali ga abin da yake ransa, to ni ban san ranar da zan gane gaskiyarsa ba. Sai da safe."

Ko takalma ba su gama sawa ba na kira Bang Parlin. Da fara'arsa ya ɗauka.

"Bu! Kin ga yadda waya take ci da wuta? Kowa zaginki yake yi! Ba mu taɓa samun irin wannan ba!"

"Ka yi mini alkawari, Parlin."

"Na ce za a ɗauka, an ɗauka. Na ce za a haska, an haska. Mutanen sama ne suka kalla a ɗakin haɗa hoto suka ce kukan ya yi kyau da yawa, asara ce a bar shi haka."

"Kukan 'yata ne, ɗan banza! Ba naku ba ne!"

"Haba Bu, ki kwantar da hankali. Gobe ki zo da wuri, akwai wurin shayin."

Na zage shi, na zagi mutanen sama da waɗanda suke samansu, har sai da Pak Marno ya zo ya zare wayar daga hannuna. Tuni ma an kashe daga can.

Kinanti ce ta ƙarasa ni. Kwana biyu tana kai da kawo tsakanin waya da kuka. Danang ya yi wa uwarsa magana, ta ce masa ya zaɓa. Sai Kinanti ta zo ta same ni ina tsinke furanni, ta tsuguna ta ɗora kai a cinyata.

"Bude, rana ɗaya ce fa."

"Na sani, Nduk. Ita ɗayar nake jira."

"Ki yi mini addu'ar daga ciki. Ai Allah yana ji ko daga ina."

Gaskiya ta faɗa, kuma gaskiyar ce ta fi ba ni haushi. Me zan ce wa yarinyar da take tsoron a fasa aurenta? Na ce to.

Ranar wanka tsakar gida ya sha ado da ganyen kwakwa da nonon ayaba. Na sa rigar da na ɗinka musamman don ranar, koriya, na shiga kicin da ita na zauna cikin masu girki. Durƙuson neman gafara da amarya take yi wa iyayenta a gaban jama'a, ni a ɗaki aka yi mini nawa, da ƙofa a rufe, kamar ana ba da cin hanci. Matar mai unguwa ta haɗa ruwan. Mace ce da ko sunan Kinanti na biyu ba ta sani ba, kuma kowa ya san yadda take yi da 'yar aikinta, amma ita ba a talabijin take yi ba. Bu Darmini kuwa da ƙafarta ta zo. Ba a taɓa yi ba, 'yan aiken gidan amarya ne suke kai ruwa gidan ango, amma ta ce ita za ta karɓa da hannunta. Gadi ta zo yi.

Ta tagar kicin nake hango komai. Aka fito da Kinanti, an lulluɓe mata kafaɗu da saƙar melati, aka zaunar da ita. Mai jagorar wankan tana ta bayani a makirufo. Na riƙe bakin tukunya ina maimaita addu'ata a zuci, ina cewa Harni, ki yi haƙuri, yanzu za a gama. Wallahi da na haƙura. Na riga na haƙura.

Sai ga ƙanwar Bu Darmini ta leƙo kicin, ita da wasu mata uku 'yan Klaten, kowacce da waya a hannu, suna tura juna.

"Ga ta can! Na ce muku tana nan!" Ta matso tana washe baki. "Bu, don Allah hoto ɗaya kafin a fara zuba ruwa. 'Yan garinmu ba za su yarda mun gan ki ba."

Na ɗaga murfin tukunya ina duba girki.

"Amma ki yi mana idon nan. Na Nyonya. Ki ɗage girar."

"Ki ce mana wawiya!" in ji ɗaya daga baya, suka fashe da dariya.

Wato hannuna bai isa ya taɓa ruwa ba, amma fuskata ta isa a kai Klaten a yi alfahari. A waje na ji mai makirufo tana cewa Pak Marno ya zuba a matsayin uba, yanzu sai wadda take a madadin uwa. A madadin. Na ajiye murfin tukunya.

"Idon kuke so?" na ce.

Na ba su shi. Dariyar ta ɗauke. Na bi ta tsakaninsu na fita tsakar gida da irin takun da nake saukowa bene, kai a sama. Ban yi shawara da kowa ba, har da kaina. Matar mai unguwa ta riga ta cika ludayin kwakwa ta ɗaga.

"Ajiye shi."

Ba muryar Suharni ba ce. Waccan ce, mai sanyi, wadda take sa yara ɓuya bayan kujera. Matar ta daskare. Na ɗage gira na dube ta daga sama har ƙasa.

"Na ce ki ajiye. Ko sai na maimaita?"

Ta miƙo mini, har da ɗan rusunawa. Bu Darmini ta yunƙura daga kujera. "Bu Harni, ai mun yi magana..."

"Ke!" Na nuna ta da ludayin. "Wa ya ba ki izinin buɗe baki a gidana? Ina kike lokacin da yarinyar nan take amai a bayana? Ina kike ranar da ƙyanda ta rufe mata ido? Ɗanki ruwan zinariya aka yi masa wanka da shi? Koma ki zauna!"

Ta koma ta zauna daɓas. Matar da ta hana ni barci mako guda, kallo ɗaya ya ishe ta. Duk roƙon da Suharni ta yi, da kukanta, da soyayyar ayabarta, babu wanda ya saurara. Nyonya ta yi magana sau ɗaya, hanya ta buɗe. Wayoyi suka tashi sama ta ko'ina.

Na juya ga Kinanti. Na zuba mata a ka, na zuba a kafaɗar dama, na zuba a ta hagu. Ruwan ya sauka da ƙarfi har ya watsa furanni. Idona ba a kanta yake ba, yana kan Bu Darmini. Sai da ludayin ya zama wayam na dubi ƙasa. Kinanti ta runtse ido, ta ƙanƙame kafaɗu ta noƙe wuya, daidai yadda Sisil take yi in na ɗaga mata hannu.

Wata daga baya ta fara tafi, sai tsakar gidan ya ɗauka.

"Wallahi kamar a talabijin!" in ji tsohuwar Klaten, tana murna.

Na miƙa ludayin ga wadda take kusa na koma kicin. Sauran matan suka zuba nasu, aka ƙarasa. Bu Darmini ta karɓi ruwan ɗanta ta tafi. Aure dai ba a fasa ba, washegari aka ɗaura. Tun kafin la'asar ɗin ranar wankan bidiyon ya zaga ko'ina, ƙanwar Bu Darmini ce ta fara sakawa. Bang Parlin ya yi ta kira, da na ƙi ɗauka ya aiko da saƙo cewa mutanen sama sun gani, suna so a yi wankan amarya a wasan mako mai zuwa, kuma in riƙe maganar ruwan zinariyar nan, ta yi daɗi.

A ranar wankan, da baƙi suka ragu, ina can bayan kicin ina wanke tasar. Furannin sun taru a bakin magudana, ruwan ya daɗe da wucewa. Kinanti ta fito, an canza mata kaya, gashinta da sauran danshi. Ta tsaya a kaina, ba fushi a fuskarta, gajiya ce kawai.

"Kin dai zuba, Bude."

"Na zuba."

Ta tsuguna kusa da ni ta ɗauki fure ɗaya tana juyawa. "To faɗa mini yanzu. Kin ce sai ruwa na kaina."

"Me?"

"Addu'ar. Me kika ce a zuci lokacin da kike zubawa?"

A lokacin ta dawo mini gaba ɗayanta, kalma bayan kalma, tun daga sunan uwarta da na sa a farko. Ko harafi ɗaya daga ciki bai zo mini ba sa'ad da ludayin yake hannuna. Zan iya karanta mata yanzu in ce ita na faɗa. Fuskata za ta yi daidai, muryata ma haka, da wannan nake cin abinci. Na buɗe baki, ta zuba mini ido tana jira, irin jiran da take yi a baho tana ƙarama.

"Ban ce komai ba, Nduk," na ce. "Surukarki nake zagi."

Ta ajiye furen a bakin tasa, ta miƙe. Daga ciki ana kiranta, mai kwalliya ta iso.